Cibiyar Malam Badamasi

An ce wai a wata ranar Laraba, bayan an tashi daga fadanci, Sarki Gimba na Birnin Maɗaci ya ba da umarni a kori mutum biyu daga gari. Ba a yi yaƙi ba, ba a zubar da jini ba, kasuwa ma ta ci yadda ta saba. Amma daga wannan rana Malam Badamasi, babban alƙalin birnin, ya fara zama baƙo a garin da ya tsufa a cikinsa.

Birnin Maɗaci yana da wata doka da ta fi sarki, ana kiranta Alkawarin Gari. Kakannin da suka kafa birnin su suka ƙulla shi tsakaninsu da sarkinsu na farko, kuma duk wanda za a naɗa sai ya rantse ba zai ƙetare shi ba. Daga cikin abin da ya ƙunsa akwai wannan: duk wanda aka binne cibiyarsa a cikin ganuwa, ba sarkin da zai kore shi daga gari, kome laifinsa. A ɗaure shi in ya cancanta, a yi masa bulala in ta kama, amma ba a raba shi da ƙasar da ta karɓi cibiyarsa. In kuwa gardama ta tashi a kan abin da Alkawari yake nufi, ba fada ce ke yankewa ba. Zauren Alƙalai ne, inda mutum biyar suke zama.

Sai dai kakanni sun mutu, gari kuwa bai mutu ba. Ya cika ya batse, ya tsallake ganuwarsa ta fari, har aka kewaye shi da ta biyu. Tsakanin ganuwar biyu akwai unguwanni, babbarsu ita ce Tudun Maƙera. A nan aka haifi mutanen nan biyu, gidajen iyayensu ma katanga ɗaya ce ta raba su.

Na farko Tanimu ne, marini, mai baƙin hannu da kaifin baki. Yakan tsaya a karofi ya ce aikin tilas da ake sa talakawa a gonakin fada ya kamata ya ƙare, zamaninsa ya wuce. Na biyu Malam Mu'azu ne, tsoho mai wa'azi, wanda yake cewa sarki ya watsar da hanyar iyaye, ya daina jin dattawa, ya cika fada da baƙi. Ɗaya yana zagin sarki don ya ƙi yin gaba, ɗaya yana zaginsa don ya ƙi komawa baya. Su biyun ba sa ga maciji da juna, sai ga shi sarki ya haɗa su a igiya ɗaya. Dukansu suka kira Alkawari, don haka dole aka dakatar da kora, aka kai magana Zaure.

A Zauren nan alƙalai huɗu sun daɗe da rabuwa gida biyu. Mutanen gari suna kiran ɓangare ɗaya 'Yan Tushe, shugabansu Malam Falalu. Su a wurinsu Alkawari yana nufin abin da kakanni suka gani da idonsu ranar da suka ƙulla shi, ba ƙari ba ragi. Ɗaya ɓangaren 'Yan Reshe ne, shugabansu Malam Kallamu, masu cewa kakanni itace suka dasa, kuma wanda ya dasa itace ya san zai yi rassa. Kowane shugaba yana da alƙali guda a bayansa, wanda aikinsa shi ne ya gyara murya, ya shafa gemu, ya ce ya yi dogon nazari ya ga abin da malaminsa ya gani. Har ta kai mai tallan goro a ƙofar Zaure yakan faɗi hukuncin huɗun tun kafin a shimfiɗa buzu, kuma ba a taɓa jin ya yi kuskure ba.

Saura na biyar, Malam Badamasi. Mutane suna cewa shi ba Tushe ba ne, ba Reshe ba ne, shi ma'auni ne. Shi ma ya yarda da haka, don yabo ba ya da wuyar haɗiya. Gaskiyar magana ita ce yana da tasa aƙidar, ba ta da suna ne kawai. Ya yi imani Zaure tulu ne, fada kuwa dutse: ko tulu ya faɗa kan dutse, ko dutse ya faɗa kan tulu, wanda za a share da tsintsiya sananne ne. Saboda haka duk lokacin da shari'a ta shafi sarki, sai ya duba ɓangaren da ya fi kusa da son fada ya zauna a nan, ya kira abin da ya yi kare mutuncin Zaure. Sarki ya san wannan, kamar yadda mai doki yake sanin ƙafar da dokinsa ke ɗingishi da ita.

Malam Badamasi ba haifaffen Maɗaci ba ne. Yana saurayi ya zo neman ilimi daga wani ƙauye na gabas wanda yanzu ko kufansa ba a ganewa. Ya yi karatu, ya yi suna, ya auri Zulai, 'yar wani maƙeri na Tudu. Allah bai ba su haihuwa ba, shi kuma bai ƙara aure ba. Da ta rasu aka binne ta a maƙabartar Tudu, kusa da wata tsohuwar aduwa. Kaburbura a can ba su da suna, damina biyu ta isa ta baje su. Shi kaɗai ya san daidai inda take. Kowace Juma'a bayan an sauko daga masallaci yakan je ya tsaya, ya yi mata addu'a, ya tara ƙasar da ruwa ya zaizaye. Bai roƙi garin nan gida ko sarauta ba. Abin da yake so kawai shi ne in tasa ta zo, a haƙa masa a gefenta.

A nan Waziri Datti ya same shi ranar Juma'ar da ta biyo baya. Waziri ya jira har ya shafa addu'a, sannan ya gaishe shi da ladabi, ya tambayi jiki, ya yi wa mamaciya fatan rahama. Ya ce sarki yana roƙon alfarma guda, a saurari shari'o'in biyu dabam dabam, kada a gauraya su, don kowane mai laifi ya ji nasa. Malam Badamasi ya ce wannan ba abin wahala ba ne. Waziri ya juya kamar zai tafi, sai ya tsaya yana kallon aduwar.

"Allah ya gafarta Malam, wuri mai sanyi. Ni kam ina mamaki, duk wannan magana ta cibiya da ake ta yi, ban taɓa jin an ce ga inda aka binne taka ba."

"Nesa ne, Waziri."

"Haka na zata. To, Allah ya bar mu tare."

Malam Badamasi ya gane, don ba a yi masa magana da Larabci ba. Ko ganuwa ɗaya ce ko goma, Alkawari bai rufe shi ba. Zamansa a Maɗaci da yardar sarki ne, kuma wanda ya ba da aron tabarma yana iya naɗe abarsa.

Aka fara da Tanimu ranar Litinin. Al'adar Zaure ita ce kowane alƙali ya faɗi ra'ayinsa a fili, a gaban jama'a da wanda ake tuhuma, babban alƙali ya yi magana a ƙarshe. Malam Falalu ya ce kakanni ganuwa ɗaya suka sani, sun gina ta da hannunsu, kuma a zamaninsu Tudun Maƙera daji ne inda kuraye ke kuka. Wanda ya ce sun yi wa daji alkawari ya yi musu ƙage suna kabari. Na bayansa ya ce ya yi nazari ya ga haka. Malam Kallamu, wanda ra'ayin Tanimu yake kusa da nasa, ya ce ganuwa ita ce abin da ya kewaye jama'a, duk inda jama'a ta kai, kuma ba a tilasta wa magidanci ya sa rigar da aka ɗinka masa ranar suna. Na bayansa ya ce shi ma ya yi nazari. Biyu da biyu. Kowa ya juya ga Malam Badamasi.

Babban alƙali yana da iko guda da sauran ba su da shi, wato ya ce zai kwana da shari'a. Ya ce zai kwana da ita. Waziri ya yi murmushi, a zatonsa tsohon yana neman kalmomin da zai lulluɓe abin da kowa ya riga ya sani.

Ranar Alhamis aka kawo Malam Mu'azu, ana riƙe da hannunsa saboda tsufa. Malam Falalu a gabansa ya yi karatu yana yaro, har yanzu ba ya zama kan buzu in tsohon yana tsaye. Da aka zo kansa sai ya ce ya koma ga ruwayoyin dattawa, ya iske kakanni da kansu sun shata Tudu a matsayin makiyayar birni, sun kuma yi sallar Idi a gefensa. Abin da suka shata nasu ne, abin da yake nasu yana cikin ganuwa a zuciyarsu, ko da tubali bai kai can ba. Malam Kallamu kuwa, wanda Malam Mu'azu ya sha kiransa ɗan bidi'a a bainar jama'a, ya ce zamani ya sauya, gari ya yi girman da ba a riƙe shi da sakaci. Kariyar da aka yi wa gidaje kaɗan ba za a miƙe ta ta rufe duk mai hura wutar fitina ba, hikima ita ce a tsaya ga ganuwar fari. Na bayansu suka yi nazari suka ga abin da aka gani. Biyu da biyu kuma, sai dai kowa ya zauna a buzun abokin gardamarsa.

Abin da ya fi ɓata wa Malam Badamasi rai shi ne ba ƙarya suke yi ba. Ya dubi fuskokinsu bai ga kunya ba, bai ga dabara ba. Kowannensu ya yarda da abin da ya faɗa ranar Litinin, ya kuma yarda da na yau, da zuciya ɗaya. Da maƙaryata ne da an samu wurin kamawa.

Ya ce zai kwana da wannan ma. Da jama'a suka watse, alƙalai suka tsaya neman takalmansu a bakin ƙofa. Malam Kallamu ya ce wa Malam Falalu barka da fitowa reshe, Allah ya sa kada ya karye da shi. Malam Falalu ya ce ai shi ya kamata a yi wa barka, tunda a tsufansa ya gano inda saiwa take. Suka yi dariya, suka raba goro guda. Malam Badamasi ya tsaya a bayansu yana jira su ba shi hanya.

Hanyar tulu a buɗe take. Abin da zai yi kawai shi ne ya bi Falalu a shari'ar Tanimu, ya bi Kallamu a ta Mu'azu, a kori duka biyun da rinjayen uku, kowane ɓangare ya yi kuka sau ɗaya ya yi murna sau ɗaya, shi kuma a ce ya yi adalci don bai fifita kowa ba. Masu ba da labari sun ce tsoron Allah ne ya hana shi. Mai yiwuwa ne. Amma akwai wani abu ƙarami da ya tsaya masa a wuya. In ya ce Tudu ba gari ba ne, to ya ce Zulai baƙuwa ce, an haife ta a daji an binne ta a daji. Zai sayi wurin kwana a gefenta da bakin da ya kore ta. Mutum yakan haɗiye zaluncin da aka yi wa rabin gari, ya kasa haɗiye wanda aka yi wa mace guda da ba ta ma ji.

Da Zaure ya sake zama, ya sa aka kawo Tanimu da Malam Mu'azu tare. Waziri ya miƙe ya tuna masa alkawarin da ya yi. Malam Badamasi ya ce ya yi alkawarin sauraro dabam dabam, kuma ya cika, amma bai yi alkawarin mantuwa ba. Sannan ya gyara zama ya ce:

"Malam Falalu, ranar Litinin ka ce Tudu yana waje, ranar Alhamis ka ce yana ciki. Malam Kallamu, kai ka ce ciki, ka dawo ka ce waje. Gidajen mutanen nan katanga ɗaya ta raba su, ganuwa kuwa ba ta da ƙafar da za ta matsa tsakanin Litinin da Alhamis. Dole a cikin maganganun kowannenku ɗaya ce tasa, ɗayar aro ce. Sai mu nemo ta gaskiyar."

Malam Falalu ya ce a shari'a ba a karɓar shaidar mutum ga nasa. Malam Badamasi ya ce haka ne, ba a kuma karɓar tasa a kan abokin gabarsa, in da shaida ake nema da an sallami huɗun duka.

"Ba shaida nake nema ba, idon kakanni nake nema. Ranar da suka ƙulla Alkawari, ba abokan gabarsu suke tunani ba. 'Ya'yansu suke kallo, suna tsoron ranar da sarki zai yi fushi da ɗayansu. Duk mai son ya karanta shi yadda suka nufa, sai ya karanta shi yana jin tsoro saboda nasa. Jiki ya fi kunne ji. Kai Falalu ka karanta shi haka ranar Alhamis, kai Kallamu ranar Litinin, na bayanku kuma sun bi ku. Don haka na ɗauki daga kowannenku maganar da ya yi sa'ad da wuƙa take wuyan nasa, na mayar masa da wadda ya yi sa'ad da take wuyan wani. Huɗu ke nan sun ce Tudu yana cikin ganuwa. Ni ne na biyar. Wanda ya ga na ɗaukar masa wadda ba tasa ba, ya tashi yanzu, ya dubi mutuminsa, ya ce abin da ya faɗa a kansa ba gaskiya ba ne. Zan musanya masa."

Malam Mu'azu ya ɗaga kai yana duban almajirinsa na dā. Marina da suka cika ƙofa da shuɗɗan hannuwansu suna duban Malam Kallamu. Babu wanda ya tashi. Aka shelanta cewa Tanimu da Mu'azu 'yan gari ne, ba a korar su, haka duk wanda aka binne cibiyarsa tsakanin ganuwar biyu.

Da labari ya kai fada, sarki bai ɗaga murya ba. Ya ce Alkawari ya fi sarki, ya rantse a kai, kuma ga shi ya bi. Ya sa aka kwance mutanen biyu, har ya aika wa Malam Mu'azu da alkyabba. Bayan kasuwa ta ci sau ɗaya, sai ya ba da umarnin korar mutum na uku, Malam Badamasi. Ya ƙara da cewa, don kada a ce an yi gaggawa, a kai maganar Zaure.

Tsuntsun da ya ja ruwa shi ruwa kan doka. Malam Badamasi bai yi mamakin sarki ba. Ya dai tsaya ya ga ko wani zai zo. A Maɗaci baƙo ba ya magana a Zaure in shi ake tuhuma, sai ya tsaya a bakin ƙofa, wani ɗan gari ya shiga ya yi magana a madadinsa. An aika wa Malam Mu'azu, ya ce yana godiya, Allah ya saka, amma shi ya daɗe yana faɗa cewa al'amarin gari na 'yan gari ne, ba zai tsufa ya warware wa'azinsa ba. An aika wa Tanimu, ya ce hukunci ɗaya mai kyau ba ya wanke shekarun da tsohon ya yi yana share wa fada hanya, shuni ma ba ya kama tufa da tsomi guda. Dukansu sun riƙe aƙidarsu, abin a yaba musu.

Malam Badamasi ya tsaya a bakin ƙofar da ya saba shiga ana miƙe masa, takalmansa a ƙafa, yana jin muryoyin da ya sani kamar tafin hannunsa. Malam Falalu ya ce kakanni ba su san ƙauyensa ba, balle su yi masa alkawari. Malam Kallamu ya ce reshe kome tsawonsa yana da iyaka, kuma ko a miƙe ganuwa har ta gaji ba za ta kai gabas ba. Na bayansu ba su ma yi dogon nazari ba. Tun da aka kafa Zaure da waɗannan huɗun ba a taɓa jin bakinsu ya zo ɗaya ba sai ranar. Ba su ɗauki lokacin da ake ɗauka a ci goro ba.

Ya roƙi dogarai a fitar da shi ta Ƙofar Tudu, ya tsaya a maƙabarta ko da na ɗan lokaci ne. Babban dogari, wanda mutum ne mai kunya, ya sunkuyar da kai ya ce an umarce su da ƙofar gabas. Malam Badamasi bai yi gardama ba. Ya san damina tana tafe, ya kuma san abin da za ta yi wa tudun ƙasar da ke gindin aduwa.

Kafin a tafi da shi, alƙalan huɗu suka fito neman takalmansu, suka iske shi tsaye. Kowa ya duƙa yana laluben nasa fiye da yadda takalmi yake buƙata. Malam Badamasi ya matsa taku guda, ya buɗe baki, sai mai tsaron ƙofa ya ɗaga sanda a hankali, ya ce, "Allah ya gafarta Malam, baƙo ba ya magana a nan." Ya rufe bakinsa. Shi da kansa ya sha tabbatar da wannan doka a kan wasu.

An ce ya rasu a wani ƙauye a kan hanya, mutanen da ba su san sunansa ba suka yi masa sutura. Alƙalan huɗu sun ɗauka maganar da aka hana shi zagi ce, ko roƙo. Ba ko ɗaya. Ya so ne ya gaya musu cewa ya saurari hukuncinsu da kunnen alƙali, ya auna shi ta tushe, ya auna shi ta reshe, bai sami aibi ko ɗaya a ciki ba. Ya so ya ce musu: "Kun yi daidai, malamai, kuma kada ku yi alfahari. Doka ba ta miƙewa sak sai a kan wanda ba shi da kowa."